Amsa ga Hajiyar da ta tambaye ni zancen Ƙulli

Assalamu alaikum Hajiya.

Ranar Asabar a taron marubuta kin miƙe a gaban jama'a kin ce: "Wannan Ƙullin da ke cikin labaranka, ba a ganinsa amma yana juya al'amura, anya ba kishiya kake yi wa ƙaddara a zukatan yaranmu ba?" Kafin in tattara hankalina aka kira la'asar, taro ya watse. Tambayar ta hana ni barci, kuma tunda a bainar jama'a kika yi ta, ya kamata jama'a su ji amsar.

A ƙasar da na ƙirƙira, Ƙulli ba ya rayawa, ba ya kashewa, ba ya saukar da ruwa. Aikinsa ɗaya ne: duk lokacin da labari ya fita daga wani baki ya shiga wani kunne, sai ya taɓa wani ɗan abu a cikinsa. Farin doki ya koma akawal. Sunan wanda ya yi aikin ya zame, sunan wanda ya tsaya kallo ya zauna. Bayan shekara ɗari sai ki tarar garuruwa biyu suna gaba a kan maganar da ba wanda ya taɓa faɗinta. Mutanen ƙasar kuwa zaɓinsu na hannunsu, wanda ya ci amana shi ya ci.

Sunan daga marinar Ƙofar Mata na ɗauko shi. Ina yaro mahaifiyata tana aikin ɗauri, ta zauna a tabarma da farin yadi da zare tana ƙulla shi ƙanana-ƙanana har yatsunta su yi kanta, ni kuma in kai wa marina. Na sha tsayawa ina kallon yadda ake tsoma shi a ramin baba, ya fito kore-kore, iska ta buge shi ya rikiɗe shuɗi a gaban idona. Marini bai san zanen da ke ciki ba, tsomawa kawai yake yi. Sai an warware zaren furanni su bayyana, a daidai wuraren da baba bai samu shiga ba. Tun lokacin abin ya zauna mini a rai, cewa wanda ake gani yana aiki daban, hannun da ya tsara zanen daban.

Kuma Hajiya, mu Kanawa mun san wannan a tarihinmu. Ana lissafin sarautar Bagauda daga shekarar 999, amma kundin tarihin Kano da ya kawo mana labarinsa da na Barbushe a kan Dala, sai a ƙarshen ƙarni na 19 aka tattara aka rubuta shi da Larabci, wani Bature mai suna Palmer ya fassara shi zuwa Turanci a 1908. Ɗaruruwan shekaru ke nan labari yana yawo a bakin maroƙa da tsofaffi da fadawa. Wa zai rantse ba abin da ya ƙaru, ba abin da ya zube a hanya? Ko kakata, Allah ya jiƙanta, tatsuniyar Gizo ɗaya takan ba mu ita iri uku. Daren da muka yi rashin ji, Gizo ya fi shan wuya. Wannan abin da ke samun labari a hanya shi na ba suna, don yaron da ya karanta ya koyi tambaya: wa ya faɗa, daga bakin wa ya ji? Yaranmu da ke kwana da waya a hannu suna buƙatar wannan tambayar fiye da yadda muka buƙace ta.

Sai dai akwai inda kike da gaskiya, kuma ba zan ɓoye ba. Da na koma gida na buɗe littafin, na tarar da wurin da jarumar ta shiga tsaka mai wuya, na sa ta ɗaga hannu tana roƙon Ƙulli ya juya mata labarinta. Gabana ya faɗi. Roƙo na Allah ne shi kaɗai, kuma ɗan shekara 12 ba lalle ya raba almara da aƙida a irin wannan wuri ba. Daɗin rubutu ne ya ɗebe ni, na ba abin da na ƙirƙira matsayin da bai dace da shi ba. Na cire shafin daga bugu na gaba. Yanzu jarumar Ubangijinta take roƙo, sannan ta tashi ta bi sawun labarin gari-gari har ta kai ga tsohuwar da ta fara ba da shi.

Kin ce jikarki ce ta kawo miki littafin. Ina roƙon alfarma, in na kammala gyaran babin in aiko miki ku karanta tare, ki ja layi a duk inda zuciyarki ba ta kwanta ba kafin ya tafi maɗaba'a.

Allah ya ƙara girma, ya saka da alheri.

Naki,
ɗanki marubuci, daga Yakasai