Dutsen Juya Lokaci Ma Da Doka Yake Aiki

Malam Edita,

Assalamu alaikum. Muna roƙon ɗan fili a jaridarka domin mu yi magana da 'yan uwanmu marubuta labaran yaƙi da almara a kan wani abu da ya yawaita a rubuce-rubucen yanzu, na takarda da waɗanda ake turawa ta WhatsApp ko a karanta a YouTube, wato lu'ulu'un tsafi mai juya lokaci. Boka ya ɓoye shi a ƙarƙashin kogo, sadauki ya sha wuya ya ɗauko, daga nan kuma labari ya mutu, domin kowace masifa ta taso sai a murza dutse ta warware. Wa zai ji fargaba a kan jarumin da ba ya taɓa makara?

Ko dutsen gaske mai auna lokaci yana da ƙa'ida. A cikin agogon batir akwai ɗan mitsitsin dutsen kwaz da aka yanka da ƙafa biyu kamar hantsaki. Idan wuta ta shige shi yana karkarwa sau 32,768 a sakan guda, na'urar agogon kuma ta yi ta raba adadin gida biyu har sau 15, ya koma bugu ɗaya. 'Yan uwan nan biyu Pierre da Jacques Curie ne suka gano alaƙar irin wannan dutse da wutar lantarki a Faransa a 1880, kamfanin Seiko na Japan kuma ya fitar da agogon hannu na farko mai aiki da shi a 1969. Zafi ko sanyi mai yawa na sa shi ɗan kuskure. Abin da ke ɗaure a hannunka ke nan, balle wanda ka ce yana lanƙwasa zamani.

Kafin a rubuta babi na ɗaya, a ɗauki takarda a yanke wa dutsen awo. A ce girmansa kamar ƙwallon dabino, ikonsa bai wuce taku bakwai daga mai riƙe da shi ba, kuma sakan ɗaya a waje minti ɗaya ne a cikin da'irar. To, sai lissafi. Idan an gwabza yaƙi na awa biyu kuma dutsen na aiki tun farko har ƙarshe, sadaukin ya yi awa 120 a ciki, kwana biyar cur. Ina guzurinsa? Ina salkar ruwansa, yaushe ya yi barci, dokinsa me ya ci? Idan kuma kullum yana kunna shi na awa ɗaya ta waje, a shekara zai tsufa da kusan shekara biyu da rabi fiye da sa'o'insa. Bayan shekara goma ya fara furfura, gimbiyar da yake nema tana nan da ƙuruciyarta. Ga kuɗin da yake biya, kuma ga labari ya samu ba tare da an ƙirƙiro wani sabon aljani ba.

Inda aka fi yin tuntuɓe shi ne bakin da'irar. Hasken da ke shigowa a sakan ɗaya na waje shi zai wadaci minti guda na ciki, saboda haka wanda ke ciki duhu zai gani ko da rana tsaka, sai ya riƙe fitila. Ihun mayaƙa ma ba zai ji shi yadda yake ba, zai ja ya yi kauri har kunne ya kasa kama shi. Sannan dole marubuci ya yanke hukunci a kan abin da ya tsallaka iyakar: kibiyar da aka harba daga ciki, da ta fita tana riƙe da saurinta ne ko tana komawa irin na waje? Idan hannun mutum na ciki, jikinsa na waje, jini ya zai gudana? Mafi sauƙi a ce da'irar tana ɗaukar abu gaba ɗayansa ko ta bar shi gaba ɗaya. Kowanne aka zaɓa, kada a sauya shi a littafi na uku don jarumi ya shiga tsaka mai wuya.

Mayar da lokaci baya ya fi wannan haɗari, mu dai shawararmu a guje shi in ba dole ba. In an nace, a taƙaita shi ƙwarai, misali daga asuba zuwa asubar da ta gabata, kuma mai riƙe da dutsen kaɗai ke tuna abin da ya faru. Raunin da ke jikinsa ya bi shi, wanda ya mutu a cikin da'irar kada ya dawo. In ba haka ba mai karatu zai tambaya me ya hana a koma ranar da aka haifi azzalumin sarkin a huta, kuma ba ka da amsa.

Taƙaita amfani da dutsen ma yana son dalili. Kwaz yakan fito da gefe shida, sai a ari wannan siffa: duk amfani ɗaya, gefe ɗaya ya dushe ya yi baƙi, na shida kuma dutsen ya tsage ya zama tsakuwa. A ajiye jadawali a bayan littafin rubutu, a riƙa sa babin da aka kashe kowane gefe, da awannin da aka yi a ciki, da shekarun jarumi a lokacin. Masu buga littafi kashi-kashi su suka fi buƙatar wannan, domin wata shida tsakanin kashi na ɗaya da na huɗu ya isa marubuci ya manta saura gefe nawa, alhali masu karatu suna nan suna ƙirgawa.

Wassalam,
Wasu marubuta labaran almara, daga Kano