A Riƙa Tunawa da Furodusoshi: Labarin Finos na Girka

Malam Edita,

Ina yi maka fatan alheri. Shafinku na nishaɗi kullum jarumai da daraktoci yake haskawa, amma ba a cika tuna wanda ya zuba kuɗi ya haɗa ma'aikata ba.

Ga misali daga Girka. Filopoimin Finos ya kafa kamfanin Finos Film a birnin Atina a 1943, lokacin da sojojin Jamus ke mamaye ƙasar, abinci ma na gagarar mutane, balle fim ɗin ɗaukar hoto. A 1944 Jamusawan suka kashe mahaifinsa. Bai ajiye aikin ba.

Abin da ya fi taɓa min rai shi ne yadda mutumin yake aiki da hannunsa. Idan kyamara ko na'urar ɗaukar sauti ta lalace, shi ke zama ya kwance ta ya gyara, har abokan aiki suka laƙaba masa suna saboda sukudireban da ba ya rabuwa da shi. Kafin rasuwarsa a 1977 kamfanin ya fitar da finafinai sama da 170, mafi yawan manyan taurarin ƙasar kuma ta hannunsa suka bi.

Ina roƙo ku ware wa irinsu fili ko sau ɗaya a wata.

Naku,
Mai karatu daga Zariya