Amsa ga Alhajin da ya tambaye ni a rediyo

Assalamu alaikum, Alhaji.

Tambayarka ta iso ni. Ka ce shin lauyan da ya tsaya wa malaman ƙauyen nan da aka sallama zai yarda a saka ɗansa a ajinsu? Ka kuma ƙara da cewa kuɗi ne suka rufe min ido.

Zancen kuɗi ba zan ɓata tawada a kansa ba. Duk wanda ya san albashin malamin firamare ya san iyakar abin da lauya zai samu a wajensa.

Maganar ɗana ce ta sosa min rai. A'a, ranka ya daɗe, ba zan kai ɗana ko ɗan wani gaban malamin da bai iya aikinsa ba. Sai dai ba wannan maganar ke gaban alƙali ba, kuma ka fi ni sanin haka. Abin da muke tambaya shi ne: wa ya ɗauke su aiki, kuma ta wace hanya aka kore su?

Tsarin ilimi na ƙasa ya ce NCE, wato takardar shaidar malanta da ake samu a kwalejin ilimi, ita ce mafi ƙarancin takardar koyarwa. Hukumar rajistar malamai, TRCN, tana nan tun 1993. To, a gabana akwai takardar ɗaukar aikin wata malama mai Grade II, tsohuwar takardar malanta da ba ta kai NCE ba, da hatimi da sa hannu. An ɗauke ta an san abin da ta riƙe, aka ce ta je ta yi NCE a hankali a NTI, cibiyar horar da malamai ta ƙasa, aka tura ta makarantar da 'yan birni suka ƙi zuwa. Ta shekara da shekaru tana koyarwa. Ranar korarta, sunanta kawai ta gani a liƙe a jikin allo. Babu takardar tuhuma, babu wanda ya ce zo ki kare kanki. Ko ɓarawo ana jin ta bakinsa kafin hukunci.

Ba yau aka fara ba. A 2017 gwamnatin Kaduna ta yi wa malaman firamare jarrabawar 'yan aji huɗu, ta ce 21,780 sun gaza samun kashi 75. Ƙungiyar malamai ta NUT ta garzaya Kotun Ma'aikata, tana cewa hurumin TRCN ne tantance malami. Kowa ya yi ta dariyar amsoshin da aka baza a intanet. Ni ban yi dariya ba, domin kowace takarda a cikinsu akwai wanda ya sa hannu ya ɗauki mai ita, kuma ban ga an baza nasa sunan ba.

Nan ne nake mamakin zafinka, Alhaji. Ai ka taɓa zama a kwamitin ɗaukar malamai, a zamanin da 'yar takarda daga hannun mai gida ta fi kowace shaidar karatu nauyi. Ban ce ka karɓa ba, Allah ya kiyaye. Na dai ce kana wurin. Yanzu da zaɓe ya ƙarato, sai ga ka da kishin yaran ƙauye. Shin ka leƙa makarantun bayan korar? An tura sabbin malamai, da yawansu sun nemi canjin wuri kafin zangon ya ƙare, shugaban makaranta na haɗa aji uku a ɗaki ɗaya.

Na roƙi kotu ta umarci a kawo kundin ɗaukar aiki na waɗancan shekarun. Idan sammacin shaida ya same ka, don Allah ka taho da tabaranka, akwai sa hannun da za mu so ka duba mana.

Wassalam.