A Kula da Rubutun Sunayen Wuraren Tarihi a Wikipedia

Ya Edita,

Assalamu alaikum. Ina roƙon ka ba ni fili a jaridarka mai farin jini domin in yi tsokaci a kan wani aiki da ɗaliban manyan makarantu suka fara rungumarsa, wato rubutawa da gyara maƙaloli a kundin Wikipedia, musamman na Hausa, game da kufai da sauran wuraren da masana suka tono kayan tarihi. Aikin abin yabo ne, domin yaron da ke Damaturu ya cancanci ya karanta da harshen da yake ji cewa kwalekwalen da wani makiyayi ya ci karo da shi a Dufuna a 1987, yana cikin haƙa rijiya, ya kai kimanin shekara 8,000, kuma yana cikin mafiya daɗewa da aka taɓa samu a duniya. Sai dai akwai wani gefe na aikin da ake ɗauka ƙarami, ni kuwa ina ganin a kansa sauran suka dogara, shi ne yadda ake rubuta sunayen wuraren.

Tushen matsalar sananne ne. Yawancin rahotannin tono an rubuta su da Ingilishi ko Faransanci ko Jamusanci, kuma sunayen da ke cikinsu an ɗauko su daga taswirorin zamanin mulkin mallaka, waɗanda jami'an da suka zana su suka rubuta abin da kunnensu ya jiyo musu. Ɗalibi yakan fassara maƙala daga Ingilishi ya kwaso sunan yadda ya tarar da shi. Ta haka Kwatarkwashi ta Zamfara, wadda ta yi suna saboda mutum-mutumin yumɓu da aka yi ta haƙowa a yankinta ana fita da su ta ɓarauniyar hanya, take zama Kotorkoshi a tsakiyar rubutun Hausa. A Nijar abin ya fi tsanani, saboda Faransanci ya mai da Tawa Tahoua, Tasawa Tessaoua, Dogon Dutsi kuma Dogondoutchi. Mai karatu da ya buga sunan da ya sani a akwatin bincike ba zai sami komai ba, sai ya ɗauka ba a rubuta ba. Wani ɗalibin kuma ya zo ya buɗe sabon shafi, a wayi gari wuri ɗaya yana da maƙala biyu, kowace da rabin labari.

Asarar ba ta tsaya ga wahalar bincike ba. A kudu maso yammacin Agadas akwai wurin da taswira ke kira Marandet, inda aka sami dubban ƙananan tukwanen narkar da tagulla. Masana da dama suna ganin shi ne Maranda da al-Yakubi, marubucin tarihi da harshen Larabci, ya ambata a ƙarni na 9, wasu kuma suna danganta shi da farkon tarihin Gobirawa kafin su gangaro kudu. Idan ɗalibi ya rubuta Marandet kawai ya wuce, bai ambaci ɗaya sunan ba, to ya tsinke igiyar da ta haɗa abin da aka tono da abin da marubutan Larabawa suka rubuta, kuma Bagobirin da ya karanta ba zai san cewa maganar ta shafe shi ba.

Sai batun haruffa masu ƙugiya. Tun shekarun 1930 aka shigar da ɓ da ɗ da ƙ cikin rubutun boko, kuma yau wayoyin hannu na zamani suna iya ɗaukar allon rubutun Hausa, don haka babu uzurin rubuta Maradi a maimakon Maraɗi, ko Alkalawa a maimakon Alƙalawa, babban birnin Gobir da ya faɗi a 1808. Wanda ya bar ƙugiya a cikin saƙon waya zuwa ga abokinsa ba a ce ya yi laifi ba, amma kundin sani wuri ne da yara ke kwafa daga gare shi, kuma abin da suka gani a kan take shi za su kai wa malaminsu.

Shawarata ga malaman da ke ba da wannan aiki ita ce su kafa wa ɗalibai ƙa'ida ɗaya tun kafin su taɓa kwamfuta. Taken maƙala ya kasance sunan da masu wurin suke kiransa da shi, a rubuce bisa daidaitacciyar ƙa'idar Hausa. A jimlar farko a kawo sauran rubuce-rubucen da aka san wurin da su, sannan a yi wa kowannensu shafin turawa, yadda duk wanda ya nemi tsohon rubutun zai faɗo kan maƙalar. Ban goyi bayan masu son a share rubutun Turawa gaba ɗaya ba, domin da shi aka buga rahotannin, kuma ɗalibin da bai san shi ba ba zai iya bin sawun binciken ba. Makabartar sarakunan Katsina na farko da ke ƙasar Mani misali ce: Palmer, wani jami'in mulkin mallaka na Birtaniya, ya tona wasu daga cikin tuddanta a 1907, an sake yin tono a 1992, kuma a rubuce ana samun Durbi Takusheyi a haɗe, ana samun Durbi ta Kusheyi a rabe. Dole mai nema ya san duka biyun.

Akwai kuma haddin da bai kamata kishin harshe ya ƙetare ba. Ba kowane wurin tarihi na arewa ne yake da sunan Hausa ba. Nok ƙauye ne a ƙasar mutanen Ham ta kudancin Jihar Kaduna, waɗanda Hausawa suka saba kira Jaba. A can aka fara tsintar mutum-mutumin yumɓu a 1928 wajen haƙar kuza, Bernard Fagg kuma, wani masanin kayan tarihi ɗan Birtaniya, ya raɗa wa al'adar sunan ƙauyen bayan ya ga wani kai makamancinsu daga Jama'a a shekarun 1940. Bai dace ɗalibi ya tanƙwara irin wannan suna don ya yi daɗin faɗa a bakin Bahaushe ba, kuma ya kamata ya bayyana cewa sunan na wurin tsintuwa ne, masu ƙera kayan ba su bar mana sunan da suke kiran kansu ba. Inda Hausa ta daɗe da nata lafazin, kamar Birnin Gazargamu na Barno, a yi amfani da shi a ambaci Ngazargamu na Barebari a gefensa.

Wahalar da ta rage ita ce ta hujja. Wikipedia ba ta karɓar "haka na ji dattawan garinmu suna faɗa" a matsayin madogara; tana neman abin da aka buga. Saboda haka ɗalibin da ya san daidai yakan sha kaye a shafin tattaunawa a hannun wanda ya riƙe littafin da ya yi kuskure. Maganinsa shi ne malamai su tura ɗalibai ɗakunan karatu su duba tsofaffin fitowar Gaskiya Ta Fi Kwabo, wadda aka fara bugawa a 1939, da kundayen digiri na sassan Hausa da tarihi da binciken kayan tarihi, inda aka rubuta sunayen daga bakin masu su.

A nan ne jaridu irin taka suke da rawar takawa, ya Edita, domin abin da kuka buga yau shi ɗalibai za su kafa hujja da shi gobe. Ina roƙon ku tsayar da rubutu ɗaya ga kowane gari, ku riƙa sa ƙugiya a kanun labarai kamar yadda kuke sawa a ciki, kuma idan wakilinku ya je Surame ko Kufena ko Turunku, ya tambayi mazauna wurin yadda suke furta sunan kafin ya aiko da rahoto.

Naka,
Wani malamin tarihi,
Zariya.