Buɗaɗɗiyar Wasiƙa Ga Mai Tambaya Kan Watannin Yahudawa

Assalamu alaikum, Malam.

Ka tambaye ni a bainar jama'a cewa, tunda Yahudawa ma wata suke bi, me ya sa bukukuwansu ba sa zagaye shekara kamar yadda azumin Ramadan yake riskarmu wani lokaci da hunturu, wani lokaci da damina.

Shekarar wata kwana 354 ce, ta rana kuwa 365, wato akwai ratar kusan kwana 11. Musulunci ya tsaya kan wata 12, kamar yadda ya zo a Suratut Tauba. Su kuwa Attaura ta ɗaure musu Idin Ƙetarewa, wato idin tunawa da fitarsu daga Masar, da lokacin da sha'ir yake nuna, don haka sau 7 a cikin kowace shekara 19 sukan ƙara wata na 13, Adar na biyu, domin idin ya tsaya a kakarsa.

Abin da ya fi jan hankalina shi ne yadda suke tsayar da wata a da, domin wanda ya taɓa zaman jiran sanarwar ganin wata ba zai ji baƙuncinsa ba. Shaidu biyu ne suke zuwa gaban majalisar malamansu a Ƙudus, a yi musu tambayoyi filla-filla: ta wane ɓangare jinjirin ya fito, yaya tsayinsa daga ƙasa, ina ya karkata. Idan maganarsu ta zo ɗaya, sai a kunna wuta a kan Dutsen Zaitun, wani dutse ya amsa wa wani, har labari ya kai ga Yahudawan da ke Babila, a Iraƙin yau. Da aka fara kunna wutar ƙarya, sai aka koma tura manzanni, kuma jinkirinsu ne ya sa mazauna nesa suke yin idi kwana biyu. Warwatsuwar al'ummar ce ta kai su ga dogaro da lissafi zalla, wanda riwayarsu ta jingina wa Hillel na Biyu, shugaban majalisar malamansu, wajen shekarar 359 Miladiyya.

Sunayen watannin ma ba asalin Ibrananci ba ne. Tsofaffin sunaye irin su Abib, Zib da Bul sun ja baya bayan da sarki Nebukadnesar ya kwashe mutanen Yahuda zuwa Babila a shekarar 586 kafin haihuwar Annabi Isa (AS), suka komo da Nisan, Tammuz da Elul. Har yau Larabawan Iraƙi da Siriya suna kiran Afrilu Nisan, Yuli Tammuz, Satumba kuma Ailul.

Wassalam.