A Tallafa Wa Mai Ɗaukar Makaɗan Agege

Malam Edita,

Ina roƙon fili domin in yi magana kan wani matashi da ya daɗe yana yawo da kyamara tsakanin Agege, Idi-Araba da Obalende, yana ɗaukar masu kalangu, gurmi da kukuma waɗanda babu kamfanin da ya san da zamansu. Shirin nasa na tarihi ne, babu soyayya a ciki, shi ya sa 'yan kasuwa suka ƙi sa kuɗinsu. Da ɗaukar biki yake riƙe kansa.

Ɗan Maraya Jos, da ya rasu a 2015, ya bar faya-fayai, amma waɗannan bayin Allah ba su da ko ɗaya. Ina roƙon sarakunan Hausawan Legas su biya masa kuɗin tace hotunan.

Naku,
Mai karatu daga Agege, Legas