A kusanto da makarantar fim ta Jos ga masu sana'ar finafinan Hausa

Malam Edita,

Assalamu alaikum. Ina roƙon ka ba ni fili a jaridarka mai farin jini domin in yi magana a kan Cibiyar Koyar da Aikin Fim ta Ƙasa da ke Jos, wadda Hukumar Finafinai ta Nijeriya ta kafa a 1995, take kuma ba da digiri da haɗin gwiwar Jami'ar Jos. Na daɗe ina aikin tace finafinai, wato editin, a Kano, kuma abin da ke ci mini tuwo a ƙwarya shi ne, ga makaranta a kusa da mu, amma yawancin yaran da nake haɗuwa da su a wannan sana'a ko labarinta ba su taɓa ji ba.

Ɗalibanta kuwa ba ɓoyayyu ba ne. A can Yinka Edward ya koyi ɗaukar hoto, ga shi yau yana cikin waɗanda ake ji da su a ƙasar nan. A can Kenneth Gyang ya yi karatu, wanda fim ɗinsa ya zama zakara a gasar finafinan Afirka ta AMAA a 2013, kuma shi ne ya haɗa jarumanmu na Hausa ya shirya fim a kan gwajin maganin sanƙarau da aka yi wa yara a Kano a 1996.

Bara wani darakta ya kawo mini aiki. Akwai wata fitowa ta uwa da ɗiyarta a tsakar gida, wasan ya yi kyau har sai da na ji ƙwalla, amma ƙarar janareta ta danne maganar gaba ɗaya. Kwana uku muka yi muna sake ɗaukar muryoyin a ɗaki, duk da haka baki da magana ba su daidaita ba. Yaron da ya riƙe makirufo yana da hazaƙa, sai dai da kallo kawai ya koyi aikin, babu wanda ya taɓa gaya masa cewa ana kai janareta bayan katanga a jawo doguwar waya, ko kuma ana sa kowa ya yi shiru na minti ɗaya a naɗi sautin wurin kafin a tashi. Wannan darasi ne da malami zai koyar da shi a zama ɗaya.

Haka batun adana tsofaffin ayyuka. An gyara fim ɗin Shaihu Umar da Adamu Halilu ya shirya a 1976, har aka nuna shi a bikin finafinai na Balin a 2018, sannan Jami'ar Jos ta buɗe digiri na biyu a fannin adana finafinai tare da Jami'ar Goethe ta Jamus. Mu kuwa a nan, da idona na ga kwali cike da kaset-kaset na finafinanmu na farko a bayan wani shago, danshi ya kama su, wasu ma zaren ya manne.

Roƙona yana ga Malam Ali Nuhu, wanda aka naɗa shugaban Hukumar Finafinai ta Nijeriya a Janairun 2024, domin shi ɗan gida ne a masana'antar, kuma tsohon ɗalibin Jami'ar Jos. A riƙa turo malaman cibiyar Kano da Kaduna su yi kwas na mako huɗu ko shida a kan sauti da haske da tacewa, kowace shekara ba fashi, kuma da Hausa, ba tare da an nemi takardar sakandare ba, tunda da yawa daga cikin gwanayenmu ba su da ita. Su kuma furodusoshinmu su karɓi ɗaliban cibiyar su yi aikin sanin makama a wurinsu, su biya su haƙƙinsu. Ni kaina, in an buɗe kwas ɗin sauti, zan zo da yarana biyu na shago mu zauna a aji tare.

Wassalam.

Mai karatunku,
daga Fagge, Kano